Zuwa ga Uwata, a Bagauda

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Uwata, bayan gaisuwa da fatan kina cikin ƙoshin lafiya, yaya karatu, yaya kuma sauron bakin tafki? Mu nan gida kowa lafiya lau, sai godiyar Allah. Ƙannenki suna gaishe ki, ƙafata kuma ta yi sauƙi har ina takawa masallaci ba sanda.

Abin da ya sa na ɗauki biro shi ne maganar da kika yi da mahaifiyarki a waya daren Juma'a. Ina kan tabarma ina jin ku. Kin ce darasin harkar kamfanoni ya gundure ki, za ki ajiye shi sai jarrabawa ta matso, ki ba da ƙarfinki ga shari'ar laifuka tunda nan kika fi gwaninta. Ban karɓi wayar ba, don na san halinki, za ki ce "To, Baba" cikin ladabi, maganar ta bi iska. Takarda kuwa tana nan, za ki iya komawa kanta.

Kin fi ni sanin ƙa'idar makarantar nan taku ta horar da lauyoyi, amma bari in maimaita miki ita da bakina. Darussa biyar ne: shari'ar ƙararrakin jama'a, shari'ar laifuka, harkar filaye da kadarori, harkar kamfanoni, sai ladubban aikin lauya. A da ba a tara makinsu a raba kamar yadda kika saba a Jami'ar Ahmadu Bello, reshen Kongo a Zariya, shekara biyar, inda darasi mai ƙarfi yake goya mai rauni ya haye da shi. A wancan tsarin darasin da ɗalibi ya fi rauni a kansa shi yake yanke masa daraja. Ko ya ci huɗu da maki mafi girma, in ya tsallake na biyar da ƙyar, sakamakon da ake rubuta masa na wannan na biyar ɗin ne. Har yanzu kuwa in darasi ɗaya ya kayar da ke, ba za ki shiga layin waɗanda za a rantsar tare da 'yan ajinki ba sai kin sake zama. Wake ɗaya ke ɓata gari, Uwata, kuma ke da bakinki kin faɗi wane ne waken.

Da farko ni ma ina ganin tsarin nan ya yi tsauri. Shekara 31 da na yi a teburin magatakardan kotu su suka canza mini ra'ayi. Mutumin da zai shigo ofishinki ba ya tambayar wane darasi kika fi so. Damuwarsa ya kawo, kuma tana iya faɗowa daidai wurin da kika tsallake.

Akwai wani dattijo da har yau in na rufe ido ina ganinsa. Manomi ne, rigimar gonar gado ta kawo shi. Ya sayar da bijimai biyu na huɗa ya ɗauki lauya, wani matashi mai kaifin baki, in yana magana har 'yan kallo sai sun gyara zama. Aka yi kusan shekara huɗu ana zuwa ana dawowa, dattijon nan bai taɓa fashin zama ba, da asuba yake hawo motar kasuwa. An saurari shaidu, magana ta kusa ƙarewa, sai lauyan ɗaya ɓangaren ya miƙe ya ce a dubi takardar da aka buɗe ƙarar da ita. Aka duba. A wurin sa hannu, sunan ofishin lauyoyin ne aka rubuta, babu sunan lauyan da ya sa hannun. Tun 2007 Kotun Ƙoli ta yanke a shari'ar Okafor da Nweke cewa ofishi ba lauya ba ne, mutumin da sunansa yake cikin kundin lauyoyi shi kaɗai zai sa hannu a takardar kotu. Alƙali ba shi da yadda zai yi, ya kori ƙarar.

Da aka tashi, dattijon ya zo gaban teburina, ya cire hularsa ya riƙe da hannu biyu, ya ce, "Malam, na ci ne ko na faɗi?" Na ce masa, "Baba, ba ka ci ba, ba ka faɗi ba, cewa aka yi a koma farko." Ya yi shiru can, sannan ya ce, "To shanun fa?" Ban sami amsar ba shi ba. Ranar ko abincin rana ban iya ci ba.

Lauyan nan ba jahili ba ne, ya san dokar gado da ta ƙasa kamar yunwar cikinsa. Layi ɗaya ya raina. Shi ya sa in na ji ɗalibai suna ƙorafin cewa an rage musu maki don sun manta kwanan wata, ko sun rubuta sunan kotu ba daidai ba, ko sun bar adireshin da za a kai wa ɗaya ɓangaren takarda, ba na taya su. Malamin da ya cire miki maki biyu yau gata ya yi wa wani manomi da ba ki haɗu da shi ba tukuna.

Don haka ga abin da nake so ki yi, kuma daga gobe, don ba a fafe gora ranar tafiya. Sa'o'in da kanki ya fi sabo, bayan sallar asuba kafin a shiga aji, ki ba wa darasin kamfanoni su. Abin da kike so ya jira yamma, ba zai gudu ba. Kuma ki daina kallonsa kamar wani abu na mutanen Legas masu dogayen benaye. Ki ɗauki shagon kawunki na Kantin Kwari ki ɗora darasin a kansa. Yau shi da abokin cinikinsa sun zo wurinki suna so su yi rajista, me za ki ce musu, sunan kasuwanci kawai ko kamfani? Me ya bambanta su ranar da bashi ya ci dukiya? In ɗaya ya rasu, ina hannun jarinsa zai tafi? In suna so su cire darakta, kwana nawa za a ba da sanarwa, kuma wace irin matsaya taro zai zartar? Da zarar kin sa fuskar kawunki a ciki, za ki ga abin ya daina zama haddar lambobi.

Ki yi hattara da tsofaffin takardun da ɗalibai suke gadar wa juna. Dokar kamfanoni ta 1990 ta kau, ta 2020 ce take aiki. A da sai mutum biyu suke kafa kamfani, yanzu mutum ɗaya yana iya kafa kamfani mai zaman kansa. Mafi ƙarancin jarin da ake fitarwa ya koma naira 100,000 ga irin wannan kamfani, naira 2,000,000 ga wanda jama'a suke sayen hannun jarinsa. Haka ma ƙa'idojin ladubban lauya, na 2023 sun maye gurbin na 2007. Duk abin da wani ya taƙaita miki, ki buɗe dokar kanta ki gani da idonki kafin ki haddace.

Sai rubutu. Karanta samfurin takarda daban, rubuta ta daban. Ki rufe littafi, ki ajiye agogo a gabanki, ki rubuta da hannunki: takardar roƙon beli, takardar rantsuwa, takardar tuhuma, yarjejeniyar sayar da fili, wasiyya. Sannan ki buɗe ki gwada. Za ki sha mamakin abin da hannu yake mantawa alhali kai yana rantsuwa ya sani. Takardar rantsuwa ita na fi ganin sababbin lauyoyi suna ɓatawa, suna cusa mata hujjar doka da roƙo, alhali sashe na 115 na dokar shaida ta 2011 ya ce abin da ya faru kawai ake faɗa a cikinta. Kuma kafin ki ɗora biro a kowace tambaya, ki duba a wace jiha aka ce abin ya faru. Legas da Abuja da Kano ba hanya ɗaya suke bi ba. Amsar da take daidai a Ikeja tana iya zama kuskure a Kano.

Ki ware ɗan ƙaramin littafi na wa'adi kawai, wanda zai shiga jakar hannu. Kwana 14 na ɗaukaka ƙara kan hukuncin tsakiyar shari'a daga babbar kotu, wata 3 kan hukuncin ƙarshe, kwana 90 in shari'ar laifi ce. Wanda aka kama a kai shi gaban kotu cikin kwana ɗaya in akwai kotu a tazarar kilomita 40. Kwana 21 na sanarwar babban taron kamfani. Irin waɗannan su ne abincin tambayoyin canki-canka, inda agogo ba ya barin mutum ya tsaya dogon tunani. Ki riƙa dubawa a layin abinci, a bakin aji, ko'ina.

Makarantar nan da ɗalibai 8 ta fara a 1963 a titin Igbosere a Legas. Yau ku dubbai ne, a rassanta daga Bwari har Yenagoa, babu malamin da zai bi ki ɗaki ya ce ga inda kike da rauni. Ki nemi mutum biyu ko uku masu tsoron Allah da son karatu, ya kasance akwai wanda ya fi ki a harkar kamfanoni, ke kuma ki biya shi da shari'ar laifuka. Kada taron ya wuce haka, in ya yi yawa hira yake komawa.

Wata magana kuma, ita ce ta fi hana ni barci. In jarrabawa ta matso za ki ji raɗe-raɗin wai an samo tambayoyi, wai wane yana da hanya. Ki toshe kunnenki, ki bar wurin. Ko da wasa kada ki karɓi irin wannan saƙo a wayarki. Kin san ba cin jarrabawa kaɗai ake dubawa ba, sai manyan lauyoyi biyu daga majalisar dattawan aikin sun sa hannu cewa ke mutuniyar kirki ce da ta cancanci rigar. Wanda ya faɗi yana sake zama, na san lauyoyi na ƙwarai da sai a zama na biyu suka haye, kuma ba wanda yake tuna musu. Tabon sata kuwa yana bin mutum har furfura. In Allah ya ƙaddara wani darasi ya kayar da ke, ni za ki fara kira, kuma wallahi ba za ki ji kalma mai ɗaci daga bakina ba. Abin da ba zan iya ɗauka ba shi ne a kira ni a kan ɗayar maganar.

Ki ci abinci, ki yi barci. Mahaifiyarki ta ce muryarki ta nuna kina kwana a zaune. Kan da bai huta ba zuba masa ake yi yana zubarwa, kamar kwando a rafi. Kada ki bari sallah ta kuɓuce miki saboda karatu. In kin fito daga kowace jarrabawa, kada ki tsaya a bakin zaure ana tankaɗe amsoshi, wanda ya wuce ya wuce, ki tafi ki shirya wa ta gobe.

Batun hijabi ranar rantsarwa da ya dami gwaggonki, na gaya mata ta kwantar da hankalinta. Firdaus Amasa ta tsaya a kansa a Disambar 2017 har aka hana ta shiga zaure, a Yulin 2018 kuma aka rantsar da ita da hijabinta. Na kuma tuna mata Mai Shari'a Aloma Mukhtar, mace ta farko da ta zama lauya daga Arewa, wadda ta riƙe kujerar Alƙalin Alƙalan Najeriya daga 2012 zuwa 2014. Hanya a buɗe take. Kuɗin hular gashi da baƙar riga kuma kada su shiga lissafinki, na ware su tun da aka biya ni haƙƙin ajiye aiki, ba wanda zai taɓa.

Yayanki zai shigo Kano ranar Asabar, zai ƙaraso miki da saƙon mahaifiyarki: dambun nama, yajin daddawa, zuma, da gidan sauro sabo. Na sa 'yan kuɗi a ambulan a ƙasan ledar. Ki ba shi jadawalin jarrabawar ya kawo mini, ina so in san ranar kowace takarda don in sa ki a addu'a a kan lokacinta. Sannan takarda ta farko da za ki rubuta da hannunki a darasin kamfanoni, ki ɗauki hotonta ki turo ta wayar ƙanwarki. Hujjojin doka na bar wa malamanku, amma kanun takarda da kwanan wata da wurin sa hannu zan duba miki su da kaina, da jan biro.

Allah ya yi miki albarka, ya buɗa miki ƙirji, ya ba ki sa'a.

Mahaifinki.