Wasiƙa ga Edita: Muryar Sara Montiel da na sani a ɗakin wata tsohuwa

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya kai da abokan aikinka, ina roƙon ka ba ni ɗan fili a wannan jarida tamu mai farin jini, in yi magana a kan wata mata da na tabbata yawancin masu karatu ba su taɓa jin sunanta ba. Ni 'yar Funtuwa ce, neman halali ya kawo ni ƙasar Sifaniya, wani gari da ake kira Orihuela a lardin Alikante. Da farko aikin tsince lemon tsami da jera shi a kwali nake yi. Daga baya Allah Ya haɗa ni da wata tsohuwa da 'ya'yanta suka ɗauke ni in riƙa kula da ita, muka yi shekara tara tare. Kaka nake ce mata, ni na koya mata kalmar, ita kuma ba ta kirana da komai sai "'yata" da harshensu. A ɗakinta na san Sara Montiel, shahararriyar 'yar fim kuma mawaƙiya ta ƙasar nan.

Ranar Litinin, 8 ga Afrilu 2013, ina kicin ina tafasa mata romon kaza sai na ji ta yi wata irin ƙara. Na saki ludayi na sheƙo a guje, a zatona faɗuwa ta yi. Na tarar da ita zaune daram a kujerarta gaban talabijin, hannu biyu a baki, hawaye na bin kumatunta. Mutuwa biyu ake sanarwa a ranar: ta Margaret Thatcher, tsohuwar firaministar Birtaniya, da ta Sara Montiel, wadda ta rasu a gidanta a Madrid tana da shekara 85. Kaka ko kallon ta farkon ba ta yi ba. Ta kamo hannuna ta ce, "'Yata, Sarita ta tafi." Ban tambaye ta ko danginta ce ba, domin na san irin wannan kukan. 'Yan makonni kafin nan, a watan Maris, aka bugo mini waya daga gida cewa Allah Ya yi wa Hajiya Barmani Choge rasuwa, na shiga ɗaki na yi kukana ni kaɗai, babu wanda zan yi wa bayanin ko wace ce. Sai na kashe murhu, na jawo kujera na zauna kusa da ita.

Sunan Sara na yanka María Antonia Abad Fernández. An haife ta ranar 10 ga Maris 1928 a Campo de Criptana, wani ƙaramin gari a yankin La Mancha, gidan talakawa masu ci da guminsu. Bayan yaƙin basasar da aka yi daga 1936 zuwa 1939, iyayenta suka ƙauro nan Orihuela, shi ya sa mutanen garin nan ke ganin tasu ce. A nan aka fara jin muryarta tana yarinya, tana rera saeta, wata waƙar juyayi da ake yi babu kiɗa a makon da ke zuwa kafin bikin Ista, lokacin da Kiristoci ke zagaya gari cikin jerin gwano. Na sha tsayawa bakin titi ina jin irinta: dubban mutane su yi tsit, murya ɗaya tal ta tashi daga saman bene. Daga nan ta shiga wata gasa da kamfanin fim na Cifesa ya shirya, ta ci, kuma a 1944, tana da shekara 16, ta fito a fim ɗinta na farko. Ita da bakinta ta sha faɗa cewa a lokacin ba ta iya karatu sosai ba, da kunne take haddace abin da za ta faɗa, sai da ta girma marubuci Miguel Mihura da mawaƙi León Felipe suka zaunar da ita suka koya mata. Wannan ya taɓa mini zuciya ƙwarai, don ni ma sai da na yi aure na shiga ajin yaƙi da jahilci.

A Sifaniya ba ta wuce ƙananan matsayi a fim ba, sai ta tafi Meziko a 1950, ta yi finafinai da dama, wasu tare da Pedro Infante wanda a lokacin babu kamarsa a can. Daga nan Amurka ta kira. A 1954 ta fito a Vera Cruz tare da Gary Cooper da Burt Lancaster, a 1956 ta yi Serenade tare da Mario Lanza, har ta auri daraktan fim ɗin, Anthony Mann. Wanda ya ji haka zai ce ai ta gama samun duniya. To amma dubi abin da ake ba ta: yau 'yar Meziko, gobe 'yar ƙabilar jajayen Indiyawa. A fim ɗin Run of the Arrow na 1957 ma cire muryarta aka yi, aka ɗora ta Angie Dickinson a bakinta. Fuskarta suke so, ba su da buƙatar abin da ke fitowa daga maƙogwaronta.

A nan ne labarin ya fi yi mini daɗi, kuma nan ne Kaka ke gyara zama in za ta ba da shi. Darakta Juan de Orduña, wanda ya taɓa sa ta a wani fim a 1948, ya roƙe ta ta dawo gida su yi wani ɗan fim mai suna El último cuplé. Cuplé wata irin waƙar dandali ce da aka yi yayinta a farkon ƙarni na 20, a lokacin kuwa an riga an ɗauke ta kayan tsofaffi. Kuɗi babu, a Basalona aka yi ta lallaɓa aikin da ƙyar da jiɓin goshi, babu mai sa ran za a ko mayar da uwar kuɗi. Shirin da aka yi shi ne a ɗauko wata mawaƙiya ta rera waƙoƙin, Sara ta riƙa motsa baki kawai, saboda masu cuplé na da siririyar murya gare su mai tashi sama kamar sarewa, ita kuwa tata mai kauri ce, daga ƙirji take fitowa. Sai mawaƙiyar ta ƙi aiki saboda ba a biya ta ba. Da babu yadda za a yi, aka tsayar da Sara gaban makaɗa. Muryarta ta kasa kaiwa inda kiɗan yake, ta yi ta roƙon a yi ƙasa da shi, a ƙara yin ƙasa, har ya sauko inda take. Ta rera a hankali, tana jan kowace kalma, kamar mai yi maka magana a kunne.

Aka fara nuna fim ɗin a watan Mayun 1957 a sinimar Rialto da ke Madrid, ya yi kusan shekara guda ba a sauke shi ba. Faifan waƙoƙin ya yi kasuwa har ƙasashen Latin Amurka. Shekarar da ta biyo baya ta yi La violetera, ya ƙara tashin gwauron zabi, ita kuma ba ta sake komawa yin fim a Amurka ba. Kaka ta ce Raquel Meller, sarauniyar cuplé ta da, wadda tana raye a lokacin, ta yi mata gorin cewa muryarta irin ta mai gadin dare ce. Idan ta kawo nan sai ta buga hannun kujera ta ce, "To mai gadin daren muke so!"

Kaka tana da shekara 20 a lokacin, tana aiki a wata masana'antar sa kayan lambu a gwangwani. Sau biyar ta kalli fim ɗin, tana ɓoye 'yan kuɗin tikiti a cikin safa, duk da limamin cocinsu ya ja wa 'yan mata kunne a kansa. Zamanin mulkin Janar Franco ne a Sifaniya, lokacin da matar aure ba ta da ikon buɗe asusun banki ko kama aiki sai da izinin miji, dokar da ba a soke ba sai 1975. Ta ce abin da ya kama su ba kyan fuskar ba ne kawai. Sun ga mace irinsu, 'yar ƙauye, ta tsaya tana waƙa ba gaggawa ba kunya, makaɗa maza suna jiran ta ja numfashi. Kowace safiya in ina taje mata gashi, ɗan farin gashin nan mai laushi kamar auduga, sai ta lumshe ido ta kama waƙar mai sayar da furanni da dusasshiyar muryarta. Wani lokaci ta manta sunan jikanta, amma ba ta taɓa ɓata baiti ɗaya ba.

Malam Edita, ba zan ɓoye ba, ba duk rayuwar Sara ce ta kwanta mini ba. Shigar da take yi a finafinai ba irin tarbiyyar da aka ba ni ba ce, haka ƙatuwar tabar da take zuƙa a gaban jama'a. Aurenta huɗu, na ƙarshen a 2002 tana da shekara 74 da wani saurayi ɗan ƙasar Kuba, ya jefa ta bakin masu gulma a talabijin, kuma ya yi mini ciwo yadda yaran da ba su kai jikokinta ba suke mayar da ita abin dariya. Amma wannan matar dai ita ce ta ajiye fim a 1974, tana da shekara 46, lokacin da masana'antar ƙasar ta karkata ga finafinan tsiraici, ta ce ba da ita ba, ta koma waƙa a dandali. Ita ce kuma ta ɗauki yara biyu ta rene su a matsayin 'ya'yanta tare da mijinta Pepe Tous, wanda ya rasu a 1992. Da ta rasu aka bi da gawarta ta Gran Vía, titin da sinimar Rialto take a da, jama'a cike da gefen hanya suna tafi.

Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne finafinanmu na Hausa, waɗanda nake kallo a waya kowane dare don su rage mini kewar gida. Mai rawa daban, mai waƙa daban, wannan ba laifi ba ne, sana'a ce kowa da tasa. Abin da ke damuna shi ne yadda ake tura kowace muryar mace cikin kwamfuta a matse ta ta fito siririya, har ka kasa bambance wance da wance. Ina 'yan matan da Allah Ya ba murya mai kauri? Na tabbata suna nan a Funtuwa da Zariya da Maraɗi, ana ce musu muryarsu ba ta shiga situdiyo. Ina roƙon masu shirya fim da masu kiɗa, in irin wannan yarinya ta zo, kafin a sallame ta a gwada yin ƙasa da kiɗan tukuna.

Wata rana da yamma na kunna wa Kaka waƙar Barmani a wayata. Ba ta jin kalma ɗaya, amma da ƙwarya ta ɗauka sai na ga yatsunta suna bin kiɗan a hannun kujera. Da aka gama ta dube ni ta ce, "'Yata, wannan matar ba ta tsoron kowa." Ta sa na maimaita mata sau uku.

Kaka ta rasu a 2019. Da ake raba kayanta, babbar 'yarta ta miƙo mini tsohon faifan El último cuplé, kwalinsa duk ya sha ɗinkin salatif, ta ce uwarsu ta yi wasiyya a ba ni. Yana nan a ƙasan akwatina, naɗe cikin zanen da na zo da shi daga gida. Ranar 10 ga Maris 2028 Sara za ta cika shekara 100 da haihuwa. In Allah Ya kai mu, ina fatan za ku ware mata ko da rabin shafi ne, ni kuma zan aiko muku da hoton faifan.

Wassalam.

Taku mai karatu kullum,
daga Orihuela, ƙasar Sifaniya