Wasiƙa zuwa ga ɗana kafin ya haƙa tushen gidansa

Assalamu alaikum.

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya, kai da iyalinka. Saƙonka ya iso cewa an gama cinikin filin, kuma kana so magina su fara aiki kafin damina ta faɗi. Allah ya sanya albarka. Sai dai ka ce filinka ne, kuɗinka ne, abin da ka ga dama za ka gina. Rabin wannan magana gaskiya ce, kuma ina bayanka a kanta. Ɗaya rabin nake so mu gyara tun ba a kwaɓa siminti ba.

Fara da sanin abin da takardarka ta ba ka. Sashe na 43 na tsarin mulkin 1999 ya ba kowane ɗan Najeriya 'yancin mallakar gida ko fili a ko'ina cikin ƙasar. Amma Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta damƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna bisa amana, abin da ke hannunka kuwa izinin zama ne da amfani, wanda za a iya janyewa saboda maslahar jama'a a biya diyya. Don haka ka kira safiyo ya nuna maka duwatsun iyaka huɗu a gaban maƙwabta da mai unguwa, sannan ka kai zanen ginin hukumar tsara birane ta jihar Kano, wato KNUPDA, ta amince kafin a aza bulo ɗaya. Kada birkila ya ruɗe ka da cewa ƙafa biyu a cikin hanya ba komai ba ne. Kai ka ci biyu, na gabanka ya ci biyu, shi ke nan layin da motar kashe gobara za ta shiga ya koma lungun ɗan acaɓa.

Malamanmu sun riga hukuma yanke wannan hukunci. Ka tuna inda Risala ta kawo hadisin nan na babu cuta babu cutarwa, sai ta ba da misalai uku: buɗe taga da za ta tona asirin gidan maƙwabci, buɗe ƙofa daura da ƙofarsa, da haƙa ramin da zai cutar da shi, ko da a cikin mallakarka ne. Wannan ne ma'aunin da nake so ka riƙe. Abin da jama'a ke da ikon hana ka shi ne cuta. Abin da ba su so kawai don bai yi musu ba, wannan ba huruminsu ba ne.

Yanzu ruwa, don nan ne akasarin rigimar maƙwabta take tasowa. Rufin da faɗinsa ya kai murabba'in mita 100, in aka yi ruwan sama mai milimita 50, kamar yadda ake yi a watan Agusta, zai zubo da lita 5,000, wato duro 25. Wannan ruwa dole ya bi wani wuri, kuma ba ya karanta takardar fili. Kada indararo ɗaya ya kalli katangar wani. In ta ƙasa ce zai cinye gindinta, in ta bulo ce gishiri zai taso ya ɓare filasta. Ka juya su duka cikin tsakar gidanka, daga nan su bi bututu zuwa kwatar layi. Kwatar kuma a ba ta gangara, santimita ɗaya a kowace mita, a duba da abin awo, ba da ido ba. In ta kwanta babu gangara ruwa zai tsaya, sauro kuma kwana bakwai zuwa goma ya ishe shi ya ƙyanƙyashe ya tashi.

Kuskuren da ya fi yawa shi ne na mashigar mota. Mutum ya cike kwatar ƙofar gidansa da marmara, ya shafe da siminti don taya ta hau sumul, ruwan layin gaba ɗaya ya dawo da baya ya shiga zauren wanda gidansa ya fi ƙasa, wanda sau da yawa shi ne mafi rauni a unguwar. Kai ka sa silab mai rodi, guntu-guntu, yadda mutum biyu za su iya ɗagawa a yashe ranar tsaftar muhalli ta Asabar ɗin ƙarshen wata. Haka kuma kada ka ɗaga dandamalin gidanka fiye da kima kana cewa ka tsira. Ruwan da ka kore bai ɓace ba, ka dai zaɓa masa gidan da zai shiga.

Sokawe ya fi wannan haɗari saboda ɓarnarsa a ƙarƙashin ƙasa take. Ƙa'idar masana lafiya ita ce a bar tazarar aƙalla mita 15 tsakanin ramin masai da rijiya, mita 30 ta fi kwanciyar hankali, musamman a ƙasa mai yashi. Filinka ƙafa hamsin ne kowane gefe, wato mita 15 da 'yan kai. Ka ga ke nan ba za ka iya cika wannan ƙa'ida kai kaɗai ba. Sai ka zagaya ka tambayi gidan dama, da na hagu, da na baya, ina rijiyarsu take, ina masansu yake, kafin ka zaɓi kusurwar da za ka haƙa naka. In wuri ya ƙure, a gina tankin da bulo cikakke, a shafe ciki da ƙasansa yadda ba zai yoyo ba, mota ta riƙa zuwa kwashewa. Ya fi tsada, na sani. Amma amai da gudawa daga rijiyar maƙwabci ba ya tsayawa a gidansa, 'ya'yanka da nasa a tire ɗaya suke cin awara.

Sauran a taƙaice. In za ka yi bene, tagogin da ke kallon tsakar gidan wani a ɗaga su sama da tsayin mutum, ko a sa gilashi mai duhu wanda ba ya buɗuwa. Janareta a waje, aƙalla mita shida daga kowace taga, taka ko ta wani, salansa na kallon fili. Iskar da ke kisa a hayaƙinsa ba ta da wari ba ta da launi. Yashi da tsakuwa kada su kwana mako a tsakiyar hanya.

To, ga naka haƙƙin, kuma kada kunya ta sa ka sarayar da shi. Ba wanda zai zaɓa maka fenti, ko yawan ɗakuna, ko wanda za ka ba haya muddin ba mai ɓarna ba ne. In ka haƙa burtsatse ka fito da famfo waje sadaka, alheri ne babba, kuma kana da ikon sa masa lokaci, misali safe da yamma, ba tare da wani ya kira ka marowaci ba. Kuɗin 'yan sintiri da na gyaran taransifoma ka biya, tunda kai ma kana cin moriyarsu, amma ka nemi a karanta lissafi a gaban taro kuma a ba da rasit. Tambayar inda kuɗin jama'a ya tafi ba rashin kunya ba ce.

Abu na ƙarshe shi ne katangar da za ku yi tarayya da na bayanka. Ku rubuta wanda ya biya nawa, da ko an yarda wani ya ɗora rufi a kanta, ku sa hannu, mai unguwa da shaidu biyu su sa nasu, kowa ya ajiye kwafi. Ku biyu kuna iya fahimtar juna da baki, magadanku ne za su buƙaci takardar.

Ka turo mini hoton zanen kafin ka kai shi hukuma, ina so in ga inda aka sa sokawe. Mahaifiyarka tana gaishe ku, ta ce a shafa mata kan yara.

Wassalam.
Mahaifinka.