Amsa ga ƙanena da ya tambaye ni me zai hana mu ma mu ƙera bom irin na Faransa

Assalamu alaikum ƙanena. Na ga tambayarka, kuma tunda a gaban jama'a ka yi ta to a gaban jama'a zan amsa maka. Cewa ka yi: "Yaya, kullum kana sukar makamin nukiliya, alhali Faransa da shi take taƙama babu mai taɓa ta, kuma yuraniyom ɗin a ƙasarmu ta Nijar yake. Gaddafi ya ajiye nasa shirin an kashe shi, Koriya ta Arewa ta riƙe nata an ƙyale ta. Me zai hana mu ma mu yi namu a ji tsoronmu?"

Wallahi ban ga laifinka ba, ni ma da ina shekarunka irin wannan zafin ne a ƙirjina. Kuma batun Gaddafi akwai ƙamshin gaskiya, a Disamba 2003 ya ce ya haƙura da shirin, a Oktoba 2011 aka kashe shi, duk da dai shi bai taɓa kaiwa ga mallakar bom ɗin ba, kayan aiki ne kawai ya tara. Amma tunda Faransa ka kawo misali to mu tsaya a kanta, don ita ce muka fi sani, ita ce kuma ta fasa nata bom ɗin a bayan gidanmu.

Abin da ya sa suka nace sai sun yi shi ba ɓoyayye ba ne. Jamus ta mamaye su a 1940, sannan a 1956 lokacin rikicin mashigin Suwez su da Ingila suka shiga Masar, Rasha ta yi musu barazana, Amurka kuma ta juya musu baya dole suka janye da kunya, daga nan suka ce ba za su ƙara jingina da kowa ba. Da Janar De Gaulle ya dawo mulki a 1958 sai ya matsa. Tsarin nasu dai kar ta san kar ne, wato ba sai na fi ka ƙarfi ba, ya isa in kana sane cewa in ka taɓa ni zan yi maka ɓarnar da ta fi duk ribar da za ka ci. Shi ya sa ba su tara dubbai kamar Amurka da Rasha ba, a 2008 sun ce nasu bai kai 300 ba. Suna da jiragen ruwa huɗu masu nutso a ƙarƙashin teku, kowanne na iya ɗaukar makamai masu linzami 16, kuma tun 1972 kullum dare da rana akwai aƙalla guda ɗaya a can cikin ruwa inda ba wanda ya san wurin, sai kuma jiragen yaƙi na Rafale masu ɗauke da wani kason. Shugaban ƙasa shi kaɗai ke da ikon cewa a harba. Ba su taɓa alkawarin cewa ba za su fara harbawa ba, hasali ma suna da abin da suke kira gargaɗin ƙarshe, wato a harba guda ɗaya don abokin gaba ya gane ya ƙetare iyaka, ita kuma iyakar da gangan suka ƙi faɗin inda take, sai dai su ce "muhimman muradunmu".

In ka ji wannan bayanin a bakinsu sai ka ga abin tsaf tsaf, makami ne wai na hana yaƙi wanda ba a taɓa amfani da shi ba. To a nan ne ni da su muka raba hanya ƙanena, don an yi amfani da shi, sau 210 Faransa ta tayar da shi, kuma ko sau ɗaya ba a cikin ƙasarta ta Turai ba. Sau 17 a Saharar Aljeriya, sau 193 a tsibiran Moruroa da Fangataufa can tekun Fasifik, har zuwa 1996.

Na farkon ranar 13 ga Fabrairu 1960 ne a kusa da Reggane, a sararin sama ba a ƙarƙashin ƙasa ba, ƙarfinsa ya ninka wanda aka jefa a Hiroshima wajen sau huɗu. De Gaulle ya aika saƙon murna yana cewa daga safiyar nan Faransa ta ƙara ƙarfi da alfahari. Sun ce ai hamada ce ba kowa, alhali akwai garuruwa da gonakin dabino da Buzaye masu yawo da raƙumansu. Bayan shekaru sama da 50 taswirar sojojinsu da aka ɓoye ta fito, ta nuna ƙurar gubar ta kai har Njamena da Bamako, to kai ɗauko taswira ka duba wace ƙasa ce a tsakanin kudancin Aljeriya da Njamena. Guda huɗu suka tayar a sama a Reggane, a na huɗun a Afrilu 1961 har sojojinsu suka tura su yi atisaye kusa da wurin bayan tashin bom ɗin don a ga yadda jikin mutum zai ɗauka. Daga nan suka koma cikin dutse a In Ekker, arewa da Tamanrasset, nan ma ranar 1 ga Mayu 1962 ramin bai toshu da kyau ba, hayaƙi da narkakken dutse suka yi waje, ministoci biyu na Faransa da suka zo kallo su ma ƙurar ta same su. In minista bai tsira ba ina ga makiyayin da ba wanda ya gaya masa komai? An yi dokar biyan diyya a 2010, amma a shekaru goman farko 'yan Aljeriyan da aka biya ba su cika yatsun hannu ɗaya ba. Kura da shan bugu gardi da karɓar kuɗi kenan.

Kakarmu Allah ya jiƙanta, kai ba ka riske ta ba, har ta rasu in hunturu ya kama ba ta barin randa a buɗe, sai ta kifa faifai ta ɗora tsumma ta danne da dutse, in ka sha ruwa ka manta ba ka rufe ba ranar za ka sha faɗa. Ina yaro na ɗauka tsabta ce kawai, sai daga baya babanmu ya ce min tun shekarar da aka ji a rediyo cewa Nasara sun fasa wani abu a arewa kuma iska za ta kawo gubarsa ta fara haka, ta daina yarda da iskar arewa gaba ɗaya. Ba ta san me ake cewa nukiliya ba, amma shekara fiye da talatin tana rufe randa saboda shi.

Kuma manyanmu na wancan lokacin ba su yi shiru ba. Ghana a ƙarƙashin Nkrumah ta riƙe kadarorin Faransa, tun a 1959 ma wasu masu zanga-zanga suka taso daga Accra da niyyar zuwa Reggane da kansu aka tare su a hanya. Nijeriya kuwa tana da wata uku kacal da samun 'yanci, bayan gwaji na uku a Disamba 1960, gwamnatin Tafawa Ɓalewa ta kori jakadan Faransa a Janairu 1961 ta kuma hana jiragensu na sama da na ruwa sauka. Ba su da bom ko ɗaya suka yi wannan.

Sai batun yuraniyom. Eh namu ne, na yi shekara biyu a Arlit wajen kawunmu, na ga manyan motoci suna fitowa da gangunan garin yuraniyom ɗin nan mai ruwan ɗorawa suna bin hanyar Tawa za su Kwatano. Amma abin da ke cikin gangar nan da bom akwai tafiya mai nisa. A cikin yuraniyom yadda Allah ya halicce shi, irin wanda ake buƙata bai kai kashi 1 cikin 100 ba, 0.7 ne, na wutar lantarki ana tace shi zuwa kashi 3 zuwa 5, na bom kuwa sai wajen kashi 90, kuma wannan tacewar ita ce aikin, dubban injina masu juyawa da wutar da ba ta ɗaukewa ko na minti ɗaya. Bom ɗin Faransa na farko ma ba da na Arlit aka yi shi ba, don sai 1971 aka fara fitar da shi a can. Ga kuɗi, a kasafin sojansu na 2024 zuwa 2030 abin da suka ware wa nukiliya kaɗai ya haura Yuro biliyan 50, su da suka riga suka gina komai kenan, kula da shi kawai da sabuntawa. Mu da asibitin ƙauye ke haihuwa da fitilar waya, daga bakin wa za a cire wannan kuɗin?

To a ce ma an yi. Wa za mu tsorata da shi? Shi wannan makamin yana aiki ne a kan ƙasa mai babban birni da shugaba mai tsoron a ƙona masa mutane. Wanda ke kashe mu a yau a Tillaberi da Diffa da Zamfara da Katsina a kan babur yake zuwa, ba shi da birnin da za ka yi wa barazana, cikin dajinmu yake kwana, a kasuwarmu yake sayen mai. Ita kanta Faransar bom ɗinta bai hana a kashe mutum 130 a Paris a Nuwamba 2015 ba, bai hana Aljeriya ƙwace 'yancinta a 1962 ba, bai kuma hana sojojinta tattara kayansu daga Mali da Burkina da Nijar ba, na ƙarshensu suka bar Yamai a Disamba 2023 kana gani da idonka. Afirka ta Kudu ta ƙera guda shida ta kwance su da hannunta, shugabanta na lokacin De Klerk ya faɗa wa duniya a 1993, yau ba wanda ya mamaye ta, kuma da sunan Pelindaba, cibiyar nukiliyarta, aka raɗa wa yarjejeniyar 1996 da ta haramta makamin a duk nahiyar.

Amma ni abin da ya fi tsaya min a rai shi ne wannan, kuma ina so ka amsa min shi kamar yadda na amsa naka. Faransa ta samu ƙasar wasu ta gwada nata. Mu ba mu da ƙasar wasu. In mun ƙera dole a gwada, kuma na san ba a Yamai ko Abuja za a gwada ba, za a buɗe taswira a nemi inda za a ce ba kowa, wajen Bilma ko Tenere ko bayan Agadas, inda akwai masu fatakin gishiri da mata masu jan ruwa a rijiya waɗanda ba za a tambaye su ba kamar yadda ba a tambayi mutanen Reggane ba. To faɗa min sunan garin da ka yarda a yi a kusa da shi, da wanda zai je ya gaya musu.

In ka samu amsa ka rubuto a fili, zan karanta in sha Allahu. Ka gaida su Inna da yara.

Yayanka.