A Kan Hoton Kwaɗon Nan Mai Jajayen Idanu

Malam Edita, assalamu alaikum.

Ina da magana a kan hoton kwaɗon bishiya da kuka buga a shafin muhalli, wanda wani mai karatu ya ce bai taɓa ganin mai kyawunsa ba. Sana'ata ɗaukar hoton biki da na fasfo a nan Yamai, amma idan damina ta kankama nakan ɗauki tocila bayan isha'i in nufi gonakin shinkafa na Saga, inda ƙananan kwaɗi ke maƙalewa a jikin ciyawa, shi ya sa na yi wa hoton kallon mai sana'a.

Wannan kwaɗo mai koren jiki da yatsu ruwan lemo ba namu ba ne, gidansa dazuzzukan Amurka ta Tsakiya, daga kudancin Meziko har Kosta Rika da Panama. Da dare yake farauta. Da rana kuwa lafewa yake yi a bayan ganye, ya naɗe ƙafafu, ya rufe idanu har jan nan ya ɓace. Saboda haka da na gan shi a kan fure cikin hasken rana, ido tar, hannu ɗaya a sama kamar mai gaisuwa, sai na tambayi kaina wa ya tashe shi, wa kuma ya ɗora shi a wurin. Akwai masu sanyaya irin waɗannan halittu har jikinsu ya mutu domin su tsaya yadda aka ajiye su. Ban ce haka aka yi wa wannan ba, amma yatsun ƙafarsa ba su manne da furen ba, alhali kwaɗon da ya hau da kansa yakan shimfiɗa su sosai, kowane ya kama.

Sai maganar ido. Idan aka matso da kyamara kusa da ƙaramin abu, 'yan milimita kaɗan ne ke fitowa sarai, kuma wajibi ne a ba ido wannan rabo. A hotonku gefen furen ne ya fito, ƙwayar idon kuwa ta dushe. An kuma ƙara launi a kwamfuta har fatar ta koma kamar fenti, ga wani farin tabo a gadon bayansa inda filashi ya bugi jiƙaƙƙiyar fata. Da an sa farin ƙyalle a bakin filashin, da ya magance wannan.

Na haɗo muku wani hoton kwaɗo da na ɗauka a watan Agusta, bayan sauro ya gama da ƙafafuna. Kwaɗon bai wuce farcen babban yatsa ba, launinsa na busasshiyar ciyawa ne, maƙogwaronsa ya kumbura yana tsakiyar kuka, kuma ana ganin hasken tocilata a cikin idonsa. Ina roƙon ku buga su gefe da gefe, masu karatu su duba yatsun.

Naku,
Mai ɗaukar hoto, Yamai