A riƙa tambaya wa ke riƙe da alƙalamin kuɗin soja

Assalamu alaikum Malam Edita, da fatan kana lafiya kai da abokan aikinka, Allah ya ƙara basira.

Ni mai sauraronku ne na kullum, kuma abin da ya sa na ɗauko waya nake rubuto wannan shi ne duk lokacin da kuka taɓo maganar tsaro sai hira ta tafi kan jirage da tankoki da yawan dakaru da girman kasafi, amma ban taɓa jin an tsaya an yi maganar mutumin da kuɗin ke bi ta hannunsa ba, wato hafsan kuɗi na soja, wane karatu ya yi, wa ya horar da shi, kuma wa zai tsaya masa ranar da ya ce ba zai sa hannu ba. Ni aikin akanta na yi shekara da shekaru kafin na yi ritaya, ba a soja ba, a farar hula, shi ya sa abin yake ci min rai sosai.

Mutane da yawa sun ɗauka aikin nan biyan albashi ne kawai a ƙarshen wata. Albashin ma ai ba ƙaramin abu ba ne, ga alawus na wanda ke bakin daga, ga kuɗin tafiya, ga haƙƙin wanda ya rasu da iyalinsa ke jira, ga fansho. Amma bayan wannan shi ne zai tsara kasafin rundunar, ya bi kwangila tun daga buƙata har zuwa biya, ya tabbatar man da aka ce an saya ya shiga tanki, takalman da aka rubuta a bauca sun shiga sito an ƙirga su, sannan ya ajiye kowace takarda don ranar da odita, wato mai binciken kuɗi, zai zo. Wani lokacin ma a filin yaƙi yake wannan aikin, da tsabar kuɗi a akwatin ƙarfe, babu banki babu intanet, ga bindiga a kafaɗa tunda shi ma soja ne.

Kuma ba yau aka gane muhimmancinsa ba. A Amurka an kafa rundunar soja ranar 14 ga Yunin 1775, kwana biyu kacal bayan haka, ranar 16 ga wata, majalisarsu ta ƙirƙiro muƙamin babban mai biyan albashin soja. Sun san sojan da ba a biya ba ba zai daɗe a layi ba.

Dubi abin da ya faru a Iraƙi. A watan Yunin 2014 birnin Mosul ya faɗa hannun 'yan Da'esh, wato ƙungiyar IS, sojojin da ke gadinsa suka watse. Zuwa ƙarshen Nuwamban shekarar Firaminista Haidar al-Abadi ya fito ya ce bincike ya gano sojojin bogi 50,000 a takardar albashi. Mutanen ƙasar har suna suka sa musu, wai 'yan sama jannati, saboda akwai su a takarda amma babu su a ƙasa. Yadda ake yi kuwa mai sauƙi ne, soja ya mutu ko ya gudu sai a bar sunansa ana karɓar albashinsa, wani kuma yana raye sai ya yi yarjejeniya da ogansa ya riƙa ba shi wani kaso shi kuma ya zauna gida. To Malam Edita duk wata sai wani ya sa hannu a kan wannan jerin sunayen kafin kuɗi ya fita. Wannan mutumin nake magana a kai. Ko bai iya aikin ba, ko ya iya amma yana tsoro, ko da shi ake ci, kuma duk wanda ya kasance cikin ukun nan ƙaramin sojan da ke bakin daga shi ya kwana a ciki, ya waiga yana zaton akwai mutum ɗari a bayansa ashe ba su kai ba. A Afghanistan ma masu binciken Amurka sun yi ta kuka da matsalar sojojin bogi shekaru kafin rundunar ta ruguje a watan Agustan 2021.

Game da karatu, ni a ganina dole a haɗa abu biyu, horon soja da ilimin akanta na gaske, ba a ɗauko wanda aka rasa inda za a kai shi a ce je ka ofishin kuɗi ba. Amurkawa suna da makarantar hafsoshin kuɗi a sansanin Fort Jackson da ke jihar Karolina ta Kudu, kuma ma'aikatar tsaronsu tana da tsarin satifiket mai mataki uku ga masu aikin kuɗi, soja da farar hula, wanda ko ka samu ba a barinka ka kwanta, duk shekara biyu sai ka ƙara awannin karatu, 40 ko 60 ko 80 gwargwadon matakinka. Abin da ya fi burge ni a koyarwarsu shi ne tambayoyi uku da ake dasa wa mutum a ka kafin ya taɓa ko sisi: kuɗin nan don wannan aikin majalisa ta ware shi, lokacinsa bai wuce ba, kuma ba a zarce adadin ba. Kuɗin gudanarwa na yau da kullum shekara ɗaya ake ba shi, na sayen manyan kayan yaƙi shekara uku, na gine-gine shekara biyar, ba dama ka ɗebi na wannan ka toshe ramin wancan don oga ya matsa. Sannan wanda ke tabbatar da bauca daban, wanda ke fitar da kuɗin daban, kuma in kuɗi ya salwanta ta hannunka doka na iya sa ka biya daga aljihunka.

Amma fa kar a ɗauka ina cewa sun gama da matsalar. Ma'aikatar tsaron Amurka sai a 2018 aka fara yi mata cikakken binciken kuɗi, ba ta ci ba, kuma har zuwa 2024 sau bakwai a jere ba ta ci ba, galibi saboda sun kasa kawo cikakken lissafin kadarori da kayan da suke da su, ga tsofaffin manhajojin kwamfuta barkatai da ba sa jituwa da juna. Rundunar sojan kundumbalarsu ta Marin ce ta fara tsallakewa a cikin rundunonin, a lissafin 2023. Duk da haka ni ina ganin fitowa a ce mun faɗi ya fi a rufe littafi a ce sirrin tsaro ne.

Nan ne kuma inda satifiket ba ya isa. Na tuna wata rana a wurin da na yi aiki, aka ajiye min bauca a tebur ta kayan da aka ce an kawo, rasit lafiya lau, hatimi lafiya lau, amma takardar shigar kaya sito babu ita a fayil. Na tashi da kaina na je siton, mai gadin sito ya buɗe min littafinsa muka bi layi-layi da yatsa, babu. Na dawo na ce ba zan sa hannu ba sai na ga kaya. Wallahi kusan wata biyu shugabana bai amsa gaisuwata ba, aka ɗauke min wasu fayiloli aka ba wani. Ni farar hula ne, iyakar abin da za a yi min ke nan. To ka ƙaddara kyaftin ne a gaban janar, wanda tun ranar da ya shiga aiki aka koya masa bin umarni, kuma janar ɗin nan shi zai rubuta rahoton da ƙarin girmansa ya dogara a kai, yana iya tura shi duk inda ya ga dama gobe da safe. Ta yaya zai ce a'a? Shi ya sa nake ganin kowace runduna a duniya tana buƙatar hafsan kuɗi ya samu wata hanyar kai rahoto da ba ta biyo ta teburin kwamandan da yake wa aiki ba, a kuma koya masa tun a makaranta cewa umarnin da ya saɓa wa dokar kuɗi ba dole ba ne a kansa, ya nemi a ba shi a rubuce. Kuma a daina barin mutum ɗaya ya shekara goma a kujera ɗaya har ya saba da 'yan kwangila.

Roƙona gare ku dan Allah, ku ware shiri guda ku gayyato wani tsohon hafsan kuɗi na soja da ya yi ritaya, tare da odita, ku tambaye su dalla-dalla yadda ake tantance sunayen da ke takardar albashi, kwana nawa ya kamata haƙƙin sojan da ya rasu ya ɗauka kafin ya isa hannun matarsa da 'ya'yansa, da kuma abin da ke faruwa da hafsan da ya ƙi sa hannu. In kun sa ranar ku sanar da wuri, ina da tambayoyi biyu da zan turo.

Na gode, a huta lafiya.

Naku,
Wani tsohon akanta mai sauraronku