Hotunan ƙanwata sun faɗa hannun mai gyaran waya

Assalamu alaikum Anti,

Ina miki fatan alheri, Allah ya ƙara basira. Don Allah a sakaya sunana.

Maganar ƙanwata ce, shekarunta 20, an sa mata rana bayan babbar Sallah. Wayarta ta faɗi gilashin ya fashe, ta kai wa wani mai gyara, ya ce ta bar masa lambar buɗewa don ya gwada. Ashe ya kwashe hotunan da ta ɗauka a ɗaki ranar da ake mata dilka, daga ita sai ɗaurin ƙirji. Ba ta taɓa tura wa kowa su ba. Yanzu wata baƙuwar lamba ce ke turo mata su, wai ta biya naira dubu 50 ko a watsa. Ta sayar da 'yan kunnenta ta biya a ɓoye, aka sake neman wasu. Jiya kuma ƙawarta ta ga ɗaya a rukunin WhatsApp na samarin unguwa. Wallahi masu cewa "turo min in gani" sun fi ƙona min rai, don da yawansu a gidanmu suka sha ruwa.

Na hana ta ƙara biya, na adana saƙonnin da lambar asusun da aka tura kuɗin. Mun kuma shiga shafin StopNCII, wanda ke ɗaukar tambarin hoton, wato wata lamba ta musamman da ake gane shi da ita, ba tare da hoton ya bar wayarta ba, domin Facebook da Instagram da TikTok su tare shi. Amma hannunsa bai kai cikin WhatsApp ba, inda wutar take ci.

Na san dokar laifukan intanet ta 2015, wadda aka yi wa gyara a 2024, ta haramta irin wannan barazana. Tsorona shi ne in mun kai ƙara, maza nawa ne za su kalli hotunan da sunan bincike? Shin akwai hanyar da jami'a mace za ta karɓi maganar?

Baba na fama da hawan jini, Umma kaɗai na sanar. Yarinyar ta daina cin abinci, ba ta leƙa ko zaure, har ta ce mutuwa ta fi mata. Wannan kalmar ce ta hana ni barci.

Anti, wa za mu fara tunkara, Baba ko hukuma? Shi kuma angon, mu faɗa masa da bakinmu ko mu jira? Sannan me zan ce mata ta yarda ba ita ce mai laifi ba?

Na gode,
'Yar uwarki daga Kano