Ba za ku gan ni a talabijin ba

Yaya,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya, kai da iyali da Inna. Ni ma lafiya lau nan Los Anjalas, alhamdu lillahi.

Ka ce Inna tana ta tambayar yaushe za ta gan ni a talabijin. Don Allah ka lallaɓa ka shaida mata ba za ta gan ni ba. Aikina rubuta abin da 'yan wasa za su faɗa ne a wani shirin barkwanci. Su ake yi wa dariya da tafi, mu kuwa sunanmu ya gilma a allo kafin mutum ya ƙifta ido.

Mu tara ne a ɗaki ɗaya, ga dogon teburi, ga bango cike da 'yan katuna na yadda labari zai tafi. Shirin minti 22 ne in an cire talla, amma sai mu share mako muna jan sa. Ka jefa zance goma, mai shirin ya ɗauki ɗaya, shi ma in ka taki sa'a. Ranar da ta fi tsinka min zuciya ita ce ranar karatu: 'yan wasa su zauna su karanta rubutun da ƙarfi, mu muna baya da biro muna sa alama duk inda aka yi dariya. Makon jiya akwai wani barkwanci da na kwana biyu ina gyara shi. Da aka zo kansa ɗaki ya yi tsit, har ina jin ƙarar na'urar sanyaya ɗaki. Nan take aka soke shi. Wata magana da na yi da wasa muna shirin tashi, ita aka saka a gurbinsa.

Batun kuɗi kuma, ka yi min uzuri. Tsofaffin marubuta suna ba mu labarin lokacin da shiri kan kai kashi 22 a shekara, kuma duk sanda aka maimaita shi a biya ka. Yanzu masu nuna shiri ta intanet kashi 8 ko 10 suke yi, 'yan watanni an sallame ka. Yana cikin abin da ya jawo yajin aikin ƙungiyar marubutan fim da talabijin ta Amurka a 2023, kwana 148, daga 2 ga Mayu zuwa 27 ga Satumba. Lokacin ni mai ɗaukar bayanin abin da marubuta ke faɗa ne kawai, aiki ya tsaya cak, na koma jigilar fasinja da mota. Shi ya sa kuka ji ni shiru a shekarar, kunya ce ta hana ni faɗa.

Kwantiragina zai ƙare nan da wata biyu, ko za a sabunta shirin, Allah masani. Amma kashi na shida da sunana zai fito. Zan tsayar da hoton in ɗauka in turo maka, ka nuna wa Inna.

A gaida kowa da kowa, a kuma sa ni a addu'a.

Ƙaninka